BABI NA HUƊU: TARKEN JIGON BANGASKIYA DA AYYUKA DA SHARI'A A WASIƘUN BULUS DA YAKUBU

4.0 Gabatarwa

A babin da ya gabata an yi bayani a kan wasiƙa a matsayin wani reshe na rubutun zube. A wannan babi kuwa za a yi tarken wasiƙu uku daga cikin Sabon Alkawari, wato wasiƙar Bulus zuwa ga Galatiyawa, da wasiƙarsa zuwa ga Romawa, da kuma wasiƙar Yakubu. Dalilin zaɓen waɗannan ukun shi ne, dukkansu sun tattauna tambaya guda, wato da me mutum yake samun karɓuwa a wurin Allah: da bangaskiya, ko da ayyuka, ko da bin Shari'ar Musa? Wanda ya karanta su sama-sama zai ga kamar Bulus ya yi gabas Yakubu ya yi yamma. Manufar wannan babi ita ce a auna ko wannan saɓani na gaske ne, ta hanyar duba asalin wasiƙun da zubinsu da jigonsu da kuma salonsu. Ya kamata a lura cewa nazarin na adabi ne, saboda haka ba za a shiga hukunta aƙidar kowa ba.

4.1 Asalin Wasiƙun

An rubuta wasiƙun uku da harshen Girkanci. Bulus ya aika da wasiƙar Galatiyawa zuwa ga ikilisiyoyin da ya kafa a lardin Galatiya, wanda yake a tsakiyar ƙasar Turkiyya ta yau. Masana suna sanya lokacin rubuta ta tsakanin shekara ta 48 da ta 55 Miladiyya. Abin da ya jawo ta shi ne, bayan tafiyar Bulus waɗansu malamai sun zo suna koya wa sababbin masu bi, waɗanda ba Yahudawa ba ne, cewa dole ne su yi kaciya su bi Shari'ar Musa kafin su zama cikakkun 'ya'yan Ibrahim. Bulus ya kawo labarin wani rikici da ya auku a Antakiya, inda Bitrus yake cin abinci tare da waɗanda ba Yahudawa ba, amma da waɗansu mutane suka zo daga wurin Yakubu sai ya janye jikinsa, har Barnaba ya bi sahunsa (Gal. 2:11-14). Wato ke nan, tushen maganar shi ne wa zai sa hannu a ƙwarya ɗaya da wa.

Wasiƙar Romawa kuwa an rubuta ta ne daga Koranti wajen shekara ta 56 ko 57, kuma wani mai suna Tartiyus ne ya riƙe alƙalami (Rom. 16:22). Bulus bai taɓa zuwa Roma ba a lokacin. Wajen shekara ta 49 sarki Kalaudiyas ya kori Yahudawa daga birnin, bayan mutuwarsa a shekara ta 54 suka riƙa komowa, suka tarar da jama'ar masu bi ta cika da waɗanda ba Yahudawa ba. Wannan yana taimakawa wajen gane dalilin da ya sa babi na 14 ya tsaya a kan gardamar abinci da kiyaye ranaku.

Wasiƙar Yakubu an jingina ta ga Yakubu shugaban jama'ar Urushalima, wanda marubucin tarihin nan Yosifus ya ce an kashe shi a shekara ta 62. Waɗansu masana sun yarda shi ne ya rubuta ta, waɗansu kuwa suna ganin wani ne ya rubuta ta da sunansa a ƙarshen ƙarni na farko, saboda gogewar Girkancinta. Ta daɗe ba ta sami karɓuwa a ko'ina ba, domin a farkon ƙarni na huɗu Yusibiyas ya lissafa ta cikin littattafan da ake jayayya a kansu. Amma tana cikin jerin littattafai 27 da Atanasiyas na Iskandariya ya bayar a shekara ta 367.

4.2 Zubi da Tsari

Wasiƙar Galatiyawa tana da babi 6. Al'adar Bulus ita ce bayan gaisuwa ya yi godiya ga Allah saboda waɗanda yake rubuta wa. A wannan wasiƙa ya tsallake godiyar, ya shiga nuna mamakinsa da saurin juyawarsu (1:6). Wannan giɓi da kansa saƙo ne, kamar yadda Bahaushe yake gane ɓacin ran baƙo idan ya taƙaita gaisuwa. Bayan haka wasiƙar ta kasu kashi uku: tarihin marubucin (babi 1-2), hujjoji daga Attaura (babi 3-4), da gargaɗi (babi 5-6). Wani masani mai suna Betz ya nuna a 1979 cewa tsarin ya yi kama da na jawabin kare kai a gaban alƙali, irin wanda Girkawa suke koyarwa.

Wasiƙar Romawa tana da babi 16, kuma ta fi natsuwa. Hujja tana bin hujja daki-daki, daga laifin 'yan Adam baki ɗaya, zuwa hanyar kuɓuta, zuwa matsayin Isra'ila, sannan zaman tare.

Wasiƙar Yakubu babi 5 ce, aya 108. Ban da gaisuwar aya ta farko, babu abin da ya nuna wasiƙa ce: ba sunan gari, ba gaishe-gaishen rufewa. Akwai kalmomin umurni fiye da 50 a cikinta, kuma sau biyu kacal aka ambaci sunan Yesu (1:1 da 2:1). Dibelius a 1921 ya ɗauke ta tarin gargaɗi ne da ba zaren da ya ɗinke shi. Wannan bincike bai yarda da haka gaba ɗaya ba, domin tun daga babi na farko har na ƙarshe marubucin yana komawa kan abu guda, wato mutum mai zuciya biyu wanda faɗarsa daban cikawarsa daban.

4.3 Jigo da Warwararsa

Kalmomi uku ne suke ɗauke da jigon: bangaskiya, da ayyuka, da shari'a. A Girkanci su ne pistis, da erga, da nomos. Idan aka bi yadda kowane marubuci ya yi amfani da su za a ga bambanci.

Da farko, ayyuka. A wuraren da gardama ta yi zafi Bulus yakan haɗa kalmar da shari'a, ya ce ayyukan Shari'a. Wannan haɗi ya fito sau 6 a Galatiyawa, uku daga ciki a aya guda (2:16), da sau 2 a Romawa (3:20, 28). Misalan da ke kewaye da shi a Galatiyawa su ne kaciya, da abinci, da kiyaye ranaku. Yakubu kuwa bai yi amfani da wannan haɗi ko sau ɗaya ba, bai kuma ambaci kaciya ko Asabaci ko dokokin abinci ba. Ayyukan da yake nufi su ne kula da marayu da matan da mazansu suka mutu (1:27), da rashin fifita mai zoben zinariya a kan matalauci wajen ba da wurin zama (2:2-4), da ciyar da mayunwaci da tufatar da huntu (2:15-16), da biyan masu girbi hakkinsu (5:4).

Na biyu, bangaskiya. A wurin Bulus ita ce dogara ga alkawarin Allah da miƙa kai gaba ɗaya, kuma ya ce tana bayyana kanta ta hanyar ƙauna (Gal. 5:6). Bangaskiyar da Yakubu yake suka kuwa ita ce ta fatar baki, wato mutum ya yarda Allah ɗaya ne ya tsaya nan. Ya ce ai aljanu ma sun yarda da haka (2:19).

Na uku, shari'a. A Galatiyawa Bulus ya nuna ta a matsayin abu na ɗan lokaci wanda ya zo shekara 430 bayan alkawarin da aka yi wa Ibrahim (3:17). A Romawa ya sassauta harshe, ya tabbatar da tsarkinta da kyanta (7:12), har ya ce masu aikata ta ne za a karɓa, ba masu jin ta kurum ba (2:13). Yakubu yana kiranta shari'ar 'yanci, kuma ya ɗora ta a kan umurnin ƙaunar maƙwabci. Abin lura a nan shi ne, wannan umurni na Littafin Firistoci 19:18 shi ne Bulus ma ya ce ya tattara Shari'a duka (Gal. 5:14, Rom. 13:9, Yak. 2:8). Ashe ke nan idan aka zo ga yadda mai bi zai zauna da mutane, bakinsu ya zo ɗaya.

4.4 Ibrahim a Matsayin Hujja

Babu inda gwanintar marubutan ta fi fitowa kamar yadda suka sarrafa labarin Ibrahim. Dukkansu sun kafa hujja da aya guda, wato Farawa 15:6, wadda ta nuna Ibrahim ya gaskata Allah aka lasafta masa wannan a matsayin adalci (Gal. 3:6, Rom. 4:3, Yak. 2:23). Amma kowa da inda ya tsaya ya hango ta.

Bulus ya dogara ga jerin lokaci. An karɓi Ibrahim a babi na 15, kaciya ba ta zo ba sai a babi na 17. Bisa lissafin Littafin Farawa, yana da shekara 86 aka haifi Isma'ilu, yana da 99 ya yi kaciya, saboda haka aƙalla shekara 13 ne tsakani. Hujjar Bulus ita ce, tun da an karɓe shi ba shi da kaciya, to shi uba ne ga marasa kaciya ma (Rom. 4:10-11). Wannan hujja tana da ƙarfi domin ta fito ne daga littafin da abokan gardamarsa suka yarda da shi.

Yakubu kuwa ya tsaya ne a babi na 22, inda Littafin Farawa ya kawo labarin miƙa Ishaku hadaya, ya waiwayo baya. A ganinsa abin da aka faɗa a babi na 15 bai cika ba sai da aka gwada Ibrahim ya ci gwajin, dalilin da ya sa aka kira shi aminin Allah. Ya ƙara da misalin Rahab, karuwar da ta ɓoye manzanni (2:25), domin ya nuna ƙa'idar ta shafi babba da ƙarami. Wato Bulus yana tambayar yaushe aka soma, Yakubu yana tambayar da me aka gane. Gani ya kori ji, in ji Bahaushe.

Sai dai kowanne yana da rauni. A Galatiyawa 3:16 Bulus ya kafa hujja da cewa kalmar zuriya tilo ce, saboda haka mutum guda take nufi. Wannan hujja ba ta da ƙarfi ta fuskar nahawu, domin a Ibrananci da Girkanci kalmar tana iya ɗaukar jama'a, kamar yadda zuriya take a Hausa. Shi kansa ya yi amfani da ita da ma'anar jama'a a aya ta 29. Haka kuma misalin Saratu da Hajaratu (4:21-31), inda ya jingina Dutsen Sina'i ga baiwa, ya juya labarin ta yadda da wuya Bayahuden zamanin ya amince. Raunin Yakubu shi ne ya ƙuntata ma'anar bangaskiya kafin ya kayar da ita, kuma aya ta 18 a babi na 2 ta rikice har ba a rarrabe inda maganar abokin gardama ta ƙare da inda tasa ta soma.

4.5 Salo da Sarrafa Harshe

Marubutan biyu sun yi tarayya a salon ƙirƙiro abokin gardama, a sa masa tambaya a baki sannan a ba shi amsa. Bulus yana da wata gajeriyar kalmar ƙi, mai kama da "faufau" a Hausa, wadda ya yi amfani da ita sau 10 a Romawa, sau 3 a Galatiyawa. Yakan kawo ta ne duk inda ya hango za a karkatar da maganarsa, misali a ce tun da alheri ne ke ceto to a ci gaba da zunubi (Rom. 6:1-2). Wannan ya nuna tun yana raye akwai masu yi wa koyarwarsa wannan fassara, kamar yadda ya yi kuka a 3:8.

Ta fuskar kamantawa kuwa sun bambanta. Bulus ɗan birni ne, hotunansa na kotu ne da gidan attajiri: wasiyyar da ba a sauyawa, da magajin da bai balaga ba, da ladan ma'aikaci wanda ba kyauta ba ne. Mafi kyau a cikinsu shi ne kamanta Shari'a da bawan nan na gidajen Girkawa wanda yake raka yaro makaranta yana tsare shi har ya girma (Gal. 3:24). Hoton ya ɗauki abu biyu a lokaci guda, wato amfanin Shari'a da kuma iyakar wa'adinta. Yakubu kuwa hotunansa na yau da kullum ne: igiyar ruwa, da madubi, da linzami a bakin doki, da ƙaramar wuta da ke cinye kurmi. Ya rufe gardamarsa da kamanta bangaskiyar da ba ta haifar da aiki da gawa (2:26). A nan akwai hikima, domin mai karatu zai zaci bangaskiya ce rai ayyuka su ne jiki, sai ya juya abin.

Akwai kuma zafin harshe. Bulus ya kira Galatiyawa marasa azanci (3:1), ya kuma yi wa masu wa'azin kaciya mummunan fata (5:12). Yakubu ma ya kira abokin gardamarsa wofi (2:20). Wannan zafi ya sa wasiƙun suna da rai, amma ya hana mu jin ta bakin ɗaya ɓangaren, domin ba abin da ya rage na rubutun malaman Galatiya.

4.6 Ra'ayoyin Masana

Masana sun daɗe suna tofa albarkacin bakinsu. Agustin na Hippo (354-430), garin da yanzu ake kira Annaba a Aljeriya, ya sasanta su da cewa Bulus yana maganar ayyukan da suka riga bangaskiya, Yakubu kuwa waɗanda suka biyo bayanta. Martin Luta bai gamsu ba. A fassararsa ta Jamusanci ta 1522 ya ƙara kalmar "kaɗai" bayan bangaskiya a Romawa 3:28, ya kamanta wasiƙar Yakubu da tattaka, ya kuma mayar da ita cikin littattafai huɗu na ƙarshe. Abin mamaki shi ne, wuri ɗaya tak da aka haɗa bangaskiya da "kaɗai" a Girkancin Sabon Alkawari shi ne Yakubu 2:24, kuma kore ta aka yi. Majalisar Tirent ta Cocin Katolika ta mayar da martani a 1547, ta dogara ƙwarai ga Yakubu. Sai a ranar 31 ga Oktoba, 1999 Katolika da Tarayyar Luteran ta Duniya suka sa hannu a takardar fahimtar juna kan wannan batu a Augsburg.

A 1831 Baur na Jami'ar Tubingen ya kawo ra'ayin cewa jama'ar farko ta rabu gida biyu, ɓangaren Bitrus da na Bulus. A 1977 Sanders ya nuna cewa Yahudawan wancan zamani ba su ɗauki Shari'a a matsayin kuɗin sayen karɓuwa ba, sun ɗauke ta hanyar zama cikin alkawarin da Allah ya riga ya yi musu. Dunn ya ɗora a kai a farkon shekarun 1980 da cewa ayyukan Shari'a su ne alamomin da suka raba Bayahude da sauran al'ummai. Wata takarda daga kogo na 4 na Kumran, wadda aka buga a 1994, ta ƙarfafa wannan ra'ayi, domin tana ɗauke da irin wannan haɗi da Ibrananci a kan jerin hukunce-hukuncen tsarki. Duk da haka ra'ayin Dunn bai rufe ƙofa ba, domin a Romawa 4:4-5 da 9:11 Bulus ya yi maganar ayyuka gaba ɗaya ba tare da ya jingina su ga Shari'a ba.

4.7 Matsalar Fassara zuwa Hausa

An buga cikakken Littafi Mai Tsarki da Hausa a 1932, aikin da Dokta Walter Miller na Zariya ya taka rawa babba a cikinsa, sannan aka fitar da sabuwar fassara wajen shekarar 1980. Mai karatun Hausa yana cin karo da matsala uku. Ta farko, kalmar Shari'a tana kawo wa Bahaushe hoton alƙali da fiƙihun Musulunci, alhali Attaurar Musa ake nufi, kuma an rubuta wasiƙun fiye da shekara 500 kafin zuwan Musulunci. Saboda haka kuskure ne a ɗauki sukar Bulus a ɗora a kan abin da bai sani ba. Ta biyu, bangaskiya harɗaɗɗen suna ne daga "ba da gaskiya", irin ginin bangirma da bankwana. Ta fi karkata ga yarda, ba ta ɗauko ma'anar riƙon amana da ke cikin pistis ba, saboda haka ta fi dacewa da bakin Yakubu a kan na Bulus. Ta uku, barata, wadda ake amfani da ita a coci don a ce an wanke mutum daga laifi, ba kalma ce da ake ji a kasuwa ba. Ga shi kuwa a kanta ne gardamar ta rataya, domin Bulus yana nufin hukuncin karɓar mai laifi, Yakubu kuwa ya fi kusa da tabbatar da gaskiyar mai da'awa.

4.8 Naɗewa

A wannan babi an ga cewa mafi yawan saɓanin da ake gani tsakanin Bulus da Yakubu ya taso ne daga bambancin waɗanda suke yi wa magana da kuma ma'anar da kowa ya ba kalmominsa. Bulus yana kare baƙon da ake son a hana shi shiga sai ya yi kaciya, Yakubu yana kare matalaucin da aka sallama da addu'a ba a ba shi ko loma ba. Amma binciken bai yarda cewa babu saɓani ko kaɗan ba. Haɗuwar kalmomi uku da aya guda da misali guda a Romawa 3-4 da Yakubu 2 ta yi yawa a ce dace ne. Abin da ya fi kusa shi ne Yakubu yana mayar da martani ne ga taken Bulus kamar yadda yake yawo a bakin waɗanda suka gurɓata shi. Ta fuskar adabi, Bulus ya fi ƙarfin jera hujja, Yakubu ya fi iya zana hoto cikin kalmomi kaɗan. A babi na gaba za a kawo taƙaitawa da sakamakon bincike da kuma shawarwari.